Makami guda mai kawuna goma: samarin fadarmu na tafi, ni ko lissafi nike

Zuwa ga Edita,

Assalamu alaikum Malam Edita, ina gaisuwa tare da fatan kana lahiya kai da ma'aikatanka baki ɗaya, ya ƙoƙari ya jama'a. Ni tsohon malamin fizik ne na lise a nan Tawa, na aje alli da jimawa, yanzu aikina bai wuce sauraren rediyo da karanta jaridarku in ta iso hannu ba, sai ko gardama da samarin fadar da ke ƙofar gidana. A yi haƙuri da rubutun, da yatsa guda nike bugawa a portabul.

Gardamar ce ma ta sa ni rubuto maka. Rannan bayan isha'i ina zaune sun ɗora shayi, sai na ji sowa da tafi kamar an ci ƙwallo, na ce lahiya? Sai guda daga cikinsu ya miƙo mini waya ya ce Baba duba ka gani, makami guda ya haihu a sama. Bidiyon nan ne na garin Dnipro na Yukiren, na ranar 21 ga Nuwamban 2024, wanda haske ke zubowa daga sama rukuni-rukuni har shida, makamin da Rasha ta kira Oreshnik, kuma ran nan ba nukiliya anka ɗora mishi ba. Daga nan sunka wuce bidiyon Sarmat, babban makamin Rasha, wani na cewa wanga ya fi na Amurka, wani na cewa ƙarya ne Trident na Amurka uba ne, kai ka ce Real da Barsa ake musu. Na ce to ku mi kuke ma tafi? Mai wayar, yaro ne mai kai wallahi na san shi tun yana rarrafe, ya ce Baba ai wanga shi ne zaman lahiyar duniya, kar ta san kar ke nan, in kowa na da irinshi ba mai taɓa wani.

Maganar tashi rabinta gaskiya ne, shi ya sa ban yi mishi tsawa ba. Ɗayan rabin ne ban ga ana faɗi ba, ko a rediyo ko a jarida, kullum sai dai a ce ƙasa kaza ta gwada makami mai linzami mai cin dogon zango a wuce. Ni ko a ganina ɗora kawuna da yawa bisa makami guda raunana kar ta san kar ɗin yake yi, musamman in makamin a ƙasa yake girke.

Bari in fara da yadda abin ke aiki tunda aikina ke nan dā. Irin wanga makami ba tashi yake kamar jirgi ba, jifa ce, kamar ka wulla dutse da majaujawa. Injin na ci da wuta 'yan mintoci ƙalilan man ya ƙare, ƙarfin jifar ya fitar da shi sama da kilomita 1000, nesa ƙwarai da inda tashar 'yan sama jannati take tunda ita wajen kilomita 400 ne, daga nan sai nauyi ya jawo shi ƙasa. Gudunshi kusan kilomita 7 a daƙiƙa guda. Tawa zuwa Yamai da muke wuni cikin kar muna jijjiga kilomita 550 ne ko kusa da haka, shi bai cika minti guda da rabi ba ya shanye ta. Tsakanin Rasha da Amurka kamar rabin awa. Na farko-farko kai guda gare su, makami guda bam guda gari guda. Shi ko wanga da ake magana, a goshinshi akwai wani ƙaramin abin hawa mai ɗan injinshi, Amurkawa da kansu bas suke ce mishi, kuma sunan ya dace don aikin motar kasuwa yake yi, ta tashi daga tashar Tawa ta sauke wani a Badagishiri ta gyara ta sauke wani a Tsarnawa ta ƙarasa Ƙonni da sauran. Haka bas ɗin ke yi a can sama, ya saita ya saki kai guda, ya ɗan karkata ya saki na biyu, kowane kai da adireshinshi dabam, kuma yana iya sakin kawunan bogi, balan-balan masu kama da na gaske don a ruɗa na'urorin mai tsaro. Shi ne abin da suke taƙaitawa da MIRV.

Amurka ta fara girke shi a 1970 da Minuteman III mai kawuna 3, a 1971 ta sa Poseidon cikin jiragen ƙarƙashin teku mai ɗaukar kawuna wajen 10. Dalilinsu biyu ne, na farko araha, makamin da raminshi su ke cin kuɗi, to in guda zai yi aikin goma ai an huta. Na biyu Tarayyar Sobiyet ta fara kewaye Mosko da makaman kakkaɓo makamai, sai Amurkawa sunka ce to mu ga yadda za ku tare goma a lokaci guda. Sun zaci za su daɗe su kaɗai. Ina! Kafin shekarun 1970 su ƙare Sobiyet ta fito da nata, kuma da yake makamanta sun fi girma sai ta fi cin ribar dabarar, R-36M ɗin nan da Turawan yamma sunka laƙaba ma Shaiɗan kawuna 10 yake ɗauka. Amurka ta rama da Peacekeeper a 1986 shi ma 10, kai ji suna don Allah, wai mai kiyaye zaman lahiya. Henry Kissinger, ministan harkokin wajen Amurka da anka yi abin a gabanshi, a 1974 ya amsa da bakinshi cewa ya so a ce ya yi zurfin tunani kan irin duniyar da wanga makami zai haifar tun kafin a yi nisa. Yarjejeniyar SALT ta 1972 makamai ta ƙidaya ba kawuna ba, sai kowa ya tsaya kan adadin da anka yarda ya dinga tula kawuna a kai, har duniya ta kai wajen kawuna 70,000 a tsakiyar shekarun 1980.

To ga lissafin da na yi ma yaran a ƙasa da tsinken shayi, kuma shi ne dalilin wasiƙar tawa gaba ɗaya. A ce gari biyu ne ke gaba, kowane na da makami 100 cikin ramukan siminti kamar rijiyoyi, kowane makami kai guda. Masana yaƙi kan ƙiyasta kawuna 2 kafin ka tabbatar ka rusa rami guda, don wani na kuskure wani na ƙin tashi. In gari na farko ya ce bari in yi shammata, ya harba dukkan 100 ɗinshi, rami 50 kawai zai rusa. Ya tashi hannu wofi, abokin gaba na da saura 50. Wa zai yi wagga wauta? Ba kowa. Wanda ya fara shi ya faɗi, don haka kowa sai ya zauna, ka ga nan kar ta san kar ta yi aiki sosai.

Yanzu canza abu guda tak, ɗora ma kowane makami kawuna 10. Mai shammata ya harba makami 20 kawai, kawuna 200 ke nan, biyu-biyu sun ishi ramuka 100 na abokin gaba, ya ƙone mishi kawuna 1000 tun suna kwance, shi kuma yana da saura makami 80 da kawuna 800 yana riƙe da su yana cewa to yanzu sai mu yi magana. Ka gani? Makaman ba su ƙaru ba, mutanen su ne dai na jiya, amma lissafin ya juye, yanzu wanda ya riga shi ke da riba. Kuma abin da ya fi muni ɗayan ma ya iya lissafi, ya san in ya jira aka riga shi ya tashi a tutar babu. Manomi ya san wannan, in ka tara hatsin shekara duka a rumbu guda ashana guda ta ishe ka, kuma duk daren da ka ji motsi bayan rumbun ba za ka tsaya tambayar wane ne ba, da sanda za ka fito. Ramin da ke da kawuna 10 irin wanga rumbu ne, yana kiran a kai mishi hari kuma yana hana mai shi barci.

Daga nan sai ka samu dabarar da ta fi ba ni tsoro, wai a harba tun kafin na abokin gaba su sauko, da zaran tauraron ɗan adam ko na'urar hango makamai ta ce ga su nan tafe. Cikin rabin awar nan cire lokacin da na'ura za ta gano, cire lokacin da hafsoshi za su tabbatar su buga waya, abin da zai rage ma shugaban ƙasa 'yan mintoci ne, ƙila an tashe shi daga barci ma, ko zagayen shayi na farko bai nuna ba an ce ya yanke hukuncin da ya shafi duniya, kuma wanga makami in ya tashi ba a kiranshi ya dawo. Na'ura ko na ƙarya, ba sau ɗaya ba. Ranar 26 ga Satumban 1983 na'urar Sobiyet ta nuna Amurka ta harbo makamai 5, hafsan da ke gadi a daren, Stanislav Petrov, ya ce a'a, wanda zai fara yaƙin ƙare dangi ba da biyar zai fara ba, ya kai rahoto cewa kuskure ne, daga baya anka gano hasken rana ne bisa gizagizai ya ruɗi tauraron. A Janairun 1995 kuma rokar binciken kimiyya anka harba daga Nowe, sai da maganar ta kai an buɗe ma shugaban Rasha Boris Yeltsin jakar nan ta bada umarnin harba nukiliya. Mu musulmi mun san Allah ne ya kiyaye, amma wanda ya ce mini tsarin ne ke da kyau sai in ce mishi tsarin da ya rataya ga hankalin mutum guda da tsakar dare ba abin yi ma tafi ba ne.

Kar a ce ban yi adalci ba. Tun 1945 manyan nan ba su gwabza kai tsaye ba, kuma ban isa in ce tsoron nukiliya ba ya cikin dalilai ba, yana ciki. Sannan kawuna da yawa cikin jirgin ƙarƙashin teku hukuncinsu dabam ne da na rami, tunda jirgin ba a san inda yake ba balle a shammace shi, to mai shi ba ya cikin gaggawa, ko an rusa ƙasarshi yana iya ramawa daga baya, kuma sanin hakan shi ke hana a fara. Faransa da mun fi sani hanyar da ta bi ke nan, ta rufe ramukanta na tudun Albion a 1996, ta dogara ga jirage 4 da ke da mazauni a Île Longue kusa da Brest, kowane na iya ɗaukar makami 16 samfurin M51, kullum akwai aƙalla guda cikin teku, ga kuma na jiragen sama, kawunanta duka wajen 290. Ingila ma jiragen ruwa 4 ne da Trident. Sai dai zaman lahiyar da ake yabo ɗin nan nasu ne su kaɗai, yaƙin da sunka ji tsoron yi a gida ai shi sunka kai Biyetnam da Angola da Afganistan, a tambayi mutanen can ko sun ga zaman lahiya.

Su da kansu sun gane illar, shaida ita ce yarjejeniyar START II da Bush uba da Yeltsin sunka sa ma hannu a Janairun 1993, wadda ta ce a daina ɗora kawuna da yawa kan makaman ƙasa gaba ɗaya. Ba ta taɓa fara aiki ba. A Yunin 2002 Amurka ta fita daga yarjejeniyar 1972 mai taƙaita makaman kariya, washegari Rasha ta ce to ita ma START II ba ta ɗaure ta ba. Ka ga igiyar ai guda ce, in wancan ya gina garkuwa kai sai ka ƙara kawuna don ka huda ta. Amurka dai ta aje Peacekeeper a 2005, kuma zuwa 2014 ta maida Minuteman ɗinta kai guda-guda, guda 400 ne a ramuka, amma Trident na teku na nan da kawunanshi, wasu ƙarfinsu ya haura na Hiroshima sau 6 wasu kusan sau 30. Rasha ta ci gaba da Yars, makamin ƙasa mai kawuna da yawa, ta kuma kama aikin Sarmat. New START ta 2010 da Obama da Medvedev sunka sa ma hannu a Prag ta tsaida kowa kan kawuna 1550 da ke girke, an ƙara mata wa'adi zuwa Fabrairun 2026, Rasha kuma ta jingine ta a Fabrairun 2023. Cana na da DF-41, shi ma mai kawuna da yawa. Pakistan ta gwada Ababeel a Janairun 2017, Indiya ta gwada Agni-5 mai kawuna da yawa a Maris 2024, su kuma waɗanga katanga guda ce tsakaninsu, ba zancen rabin awa, mintoci kaɗan ne, kuma sun riga sun yi faɗa a Kargil a 1999 alhali kowa na da bam. Yau ƙasashe 9 ke da shi, kawuna wajen 12,000, kusan kashi 90 cikin 100 hannun Amurka da Rasha.

Na san wani zai ce tsohon nan mi ya dame shi, mu da ke fama da kuɗin buhun hatsi da ɗaukewar kuran ina ruwanmu da Sarmat. To ni gidana bai da nisa da gudoron da ake kira hanyar uraniyom, wadda ta taso daga Arlit ta bi Agadas da Abalak ta ratsa Tawa, dā shekara da shekaru muna ganin kamiyo na wucewa da ganguna zuwa tashar ruwan Kwatano. Tun 1971 ake haƙa a Arlit, Akokan ta biyo a 1978 har anka rufe ta a Maris 2021. Na sha gaya ma ɗalibaina cewa garin uraniyom ɗin nan mai ruwan ɗorawa ba bam ba ne, irin da ke kamawa a cikinshi kashi 0.7 ne kawai cikin 100, na lantarki sai an tace shi zuwa kashi 3 zuwa 5, na bam wajen 90, kuma wagga tacewa ba a ƙasarmu ake yinta ba. Amma duk da haka sunanmu bai tsira ba, a Janairun 2003 Bush ɗa ya tsaya gaban majalisarsu ya ce Saddam na neman uraniyom a Afirka, takardun da ke ambaton Nijar kuma hukumar nukiliya ta duniya ta bayyana a Maris na shekarar cewa jabu ne, amma an riga an ɗaura ɗamarar yaƙin Iraƙi. Ko bam ɗin Hiroshima ma yawancin uraniyom ɗinshi daga mahaƙar Shinkolobwe ta Kwango ya fito. Sannan Faransa da ta tashi gwada bam ɗinta na farko ba a gida ta gwada ba, a Reggane cikin saharar Aljeriya ta tada shi ranar 13 ga Fabrairun 1960, muna saura 'yan watanni mu samu 'yancin kai, ta ci gaba a In Ekker arewa da Tamanrasset har 1966, kuma iskar hunturu ba ta san bodar Asamaka ba. Najeriya har yanke hulɗa ta yi da Faransa a Janairun 1961 kan wagga magana. Afirka ta Kudu ta ƙera nata guda 6 ta kwance su da hannunta, nahiyar kuma ta yi yarjejeniyar Pelindaba da ta hana makaman nukiliya a Afirka, an buɗe sa hannu a Alƙahira a 1996 ta fara aiki a 2009. Kenan mu mun ce ba mu so, amma in masu shi sunka yi kuskure ba za a tambaye mu ba.

Kuma ba sai bam ya faɗo Tawa ba. Masana yanayi sun daɗe suna gargaɗin cewa hayaƙin biranen da za su ƙone zai hau sama ya rage hasken rana, sanyi ya sauko, damina ta raunana shekaru a jere. Wanda ya ga 1973 da 1984 a Adar ya san abin da damina guda ke yi in ta ƙi, mun ga dabbobi zube bakin hanya, mun ga mutanen ƙauye sun cika gari da ƙorai, lokacin ma akwai ƙasashen da ke da rarar da za su aiko. Yaƙin Yukiren da ba a harba nukiliya ba ma a 2022 mun ji shi a kuɗin fulawa da takin zamani, balle ranar da masu aiko da taimakon su ne ke ƙonewa.

Ni ba na bayan Amurka ba na bayan Rasha a wagga magana, na san zuciyar samarinmu ta yi zafi da Faransa kuma na san dalili, ba yau anka haife ni ba. Amma lissafin rami 100 ɗin nan bai san tutar kowa ba. Roƙona gare ka Malam Edita, in za ku ba da labarin an gwada makami, ku daina tsayawa ga kilomita nawa yake ci, ku gaya ma mai karatu kawuna nawa yake ɗauka, a rami yake ko bisa mota ko cikin teku, kuma minti nawa maƙwabcin ke da shi kafin ya yanke shawara, don nan hatsarin yake. In da hali ku samu wani malami daga jami'ar Abdu Mumuni ya yi muna bayani da Hausa a shafi guda, ni nawa ilimin ya tsufa.

Yaron mai waya da na gama zane a ƙasa ya yi shiru, can ya ce to Baba in haka ne ai sai kowa ya ɗora nashi bisa mota yana yawo da shi a daji kar a san inda yake. Na ce mishi Rasha da Cana abin da suke yi ke nan da Yars da DF-41, kuma ya rage matsalar, sai dai taurarin yanzu na gani fiye da na dā. Ya ce zai yi tunani ya dawo mini da amsa, har yau dai bai dawo ba, shayina ma ya daina aiko mini.

Na gode, a huta lahiya.

Naka mai karatu,
Tsohon malamin fizik, Tawa